Mun Rufe Ɗan Jawa Ba Mu San Wa Muka Rufe Ba

Da bazarar nan da ta wuce aka cika shekara goma sha ɗaya da rasuwar abokina Idrisu, wanda Belbeji da karkararta suka sani da Ɗan Jawa. Na ɗauka na gama saninsa. Mutumin da ya yi shekaru a ɗakin zauren gidana, muka ci a kwano ɗaya, ni na yi jinyarsa, ni na shiga kabari na karɓe shi, me kuma ya rage ban sani ba? Ashe ni ne kazar da ta kwana a kan dami. Abin da na gani bana ya girgiza ni, har yau jikina bai dawo daidai ba, shi ya sa na ce sai na rubuta.

Mutumin Indonesiya ne. Ya shigo Damargu tare da wani kamfani mai haƙar foraj, wato rijiyar burtsatse, shi ne mai kula da injinansu. Alhazanmu da suka saba ganin irinsa a Makka suka ce ai waɗannan su ne Jawa, sunan kuwa ya bi shi har kabari. Lokacin ina koyarwa a lakwal, makarantar boko, ina da ɗaki a zaure ba kowa ciki, sai aka roƙe ni in sauke shi na ɗan lokaci. Kamfani ya gama aikinsa ya naɗe kaya ya tafi, Ɗan Jawa ya ce shi ba inda za shi. Ya zauna yana gyaran famfo, daga kwarin Tarka har Ollelewa, makiyaya na zuwa ɗaukarsa a kan babur in ruwa ya tsaya musu.

Gajere ne, ba jiki, ga ɗingishi a ƙafar dama. A masallaci ƙarshen sahu yake tsayawa don ya samu wurin miƙe ƙafar in an zauna tahiya. Na taɓa tambayarsa abin da ya sami gwiwar, ya ce, "Tsohon ciwo ne, Mushe." Mushe shi ne yadda ake kiran malamin boko a nan. Daga nan bai ƙara ba, ni ma ban ƙara ba, don mu a nan ba ma tonon baƙo. Maiɗakina kuwa abin da ya dame ta da shi barkono ne. Ta ce tunda take ba ta taɓa ganin ɗan Adam mai cin tuwo yana neman ƙarin yaji yana hawaye ba.

Abu ɗaya muke yi masa dariya a kai. Da yamma sai ya shiga wata tsohuwar mangaza, ɗakin ajiyar gero da ba a aiki da shi, inda iska ba ta shiga, ya ɗaura yankin gidan sauro daga bango zuwa bango, ya fito da raket guda huɗu, abin bugun wasa, da ya zo da su daga ƙasarsu. Wasan sunansa badminton, mu dai wasan gashin agwagwa muke ce masa. Abin da ake bugawa shi yake haɗa shi da hannunsa, da toshiyar kwalba da gashin fiffike. Duk gidan da aka yanka agwagwa sai ka gan shi a ƙofa yana sallama, kuma na fiffike ɗaya kaɗai yake ɗauka, wai in aka gauraya na dama da na hagu ba ya tashi daidai. Mata suka yi ta raɗe-raɗin ko wani asiri yake haɗawa.

Ba ya taɓa yarda a yi mutum ɗaya da mutum ɗaya. In ba a cika huɗu ba, biyu nan biyu can, sai ya kwance ragarsa. Ni yake sawa a gaba da tumbina, shi ya tsaya a bayana kusan ba motsi, wuyan hannu kawai yake juyawa, abin ya je ya faɗi inda ba kowa. Nakan ce masa, kai Ɗan Jawa, babban mutum da furfura kana wasan yara. Sai ya yi murmushi ya ce in gyara tsayuwata. Wallahi ko a mafarki ban kawo komai a raina ba.

Zazzaɓi ne ya ɗauke shi cikin tsananin zafi, bai daɗe yana jinya ba. An sanar da danginsa ta waya, suka ce a rufe shi inda Allah ya karɓi abinsa. Muka yi masa sutura kamar yadda muke yi wa namu: wanka, likkafani, salla, aka jera itace, aka tura ƙasa, aka ɗora ƙaya don dabbobi. Ba allo, ba suna, ba siminti. Jama'ar da ta bi gawarsa ta ba ni mamaki, har da masu raƙuma da ban taɓa gani ba. Muka yi addu'a muka watse, rayuwa ta ci gaba.

Bana, ina zaune a ƙofar gida bayan hantsi, mota ta tsaya. Wani dattijo mai kama da Ɗan Jawa ya sauko, fari tas da furfura, tare da tafinta, wani ɗan Damagaram da ya yi karatu a ƙasarsu. Tafinta ya ce sunan baƙon Alhaji Haruna, ya daɗe yana bin sawun abokinsa, kuma an ce masa ni ne mai masaukinsa. Bayan an sha ruwa an gaisa, Alhaji Haruna ya ciro salula ya kunna wani bidiyo ya miƙo mini.

Wani makeken ɗaki na gani, jama'a maƙil har sama, ana kaɗa ganguna ana ihu. A tsakiya samari huɗu riƙe da raket, da raga a tsakaninsu. Ɗaya daga cikinsu, na baya, ya yi tsalle kamar an cilla shi, ƙafafu biyu a sama, ya sauke hannu, ban ma ga wucewar abin ba sai ihun mutane. Da ya sauko ya goge fuska da kafaɗa, ya ɗan karkata kai. Wannan karkata kan na san shi. Na yi salati. Na sake kallo, na sake. Idrisu ne, mai gyaran famfonmu, da ƙafafunsa biyu lafiya lau, dubban mutane na kiran sunansa. Ban san lokacin da na sauka daga kujera na zauna a ƙasa ba.

Ta bakin tafinta na ji sauran. Tun suna yara aka haɗa su a wani gidan horon ƴan wasa, ɗaki ɗaya suke kwana. Haruna ne a gaba kusa da raga, Idrisu a baya mai dukan ƙarshe. A wannan wasa na bibbiyu, in ji shi, na gaba ba ya waiwaye, da jiki yake sanin inda na baya yake, kuma sai an yi shekaru tare ake kai wa haka. Sun kai. Suka ci a gida, suka fita ƙasashe suka ci, aka ɗaga tutar ƙasarsu saboda su. A ƙasar tasu kuwa wannan wasa shi ne kamar kokawa a wurinmu, wanda ya yi fice a ciki ba ya wucewa kasuwa ba a nuna shi ba. Suna cikin ganiyarsu gwiwar Idrisu ta tsinke a fili. Yana kwance a asibiti masu horo suka ba Haruna wani abokin, ya karɓa, kuma ya kasa zuwa ya faɗa masa da bakinsa. A talabijin Idrisu ya gani. Kunya ta hana Haruna zuwa a makon farko, ta hana shi a watan farko, daga nan shekaru suka shiga tsakani, Idrisu ya koyi aikin inji ya bar ƙasar.

Abin da ya kawo shi ke nan. Ya ce tsufa ya zo masa, kuma ba ya son ya mutu bai tsaya a kan kabarin ya nemi gafara ba. A wurinsu, in ji tafinta, kowane kabari da sunansa, ana zuwa a share, a zuba ruwa, a zauna a yi magana da mai shi. Har wani farin dutse ya ɗauko tun daga can, an sassaƙa sunan Idrisu a jiki, ya naɗe shi a zane. Da na ga dutsen nan sai na tuna ba wata alama a kan kabarin.

Muka tafi maƙabarta da la'asar, da ni da su da maƙwabcina Alhaji Mamman. Na san sashen, gabas da tsohuwar hanya, kusa da wata aduwa. Aduwar babu ita, an sare. Ƙayar da muka ɗora ta daɗe da ruɓewa, damina bayan damina ta kwantar da tudun, rairayi ya bi ya daidaita. Limamin da ya yi masa salla ya rasu, masu haƙan sun watsu, wasu Agadas wasu Libiya. Na tsaya ina duban ƙananan tudu barkatai, kowanne kamar ɗan'uwansa. Ni da na shiga ramin da ƙafata na kasa cewa ga shi. Ban taɓa jin kunya da firgici irin na ranar ba.

Alhaji Mamman ya matso ya raɗa mini in nuna wa baƙon ɗaya kawai, ai ƙasa duk ɗaya ce, mutum ya taso daga ƙarshen duniya ba a mayar da shi hannu wofi. Ba zan ɓoye ba, maganar ta shige ni. Amma kafin in yanke shawara baƙon ya riga ya karanta fuskata. Ya yi tambaya a hankali, tafinta ya juya: "Ba ku rubuta sunansa ba?"

Nan raina ya ɗan ɓaci, don na ji kamar ana cewa mun wulaƙanta shi. Na ce wa tafinta ya gaya masa mahaifina ma yana nan cikin filin nan, da yayata, da ɗana na fari, kuma ba wanda zan iya dafa kabarinsa in ce ga shi. Ba mu yi wa Idrisu rufin baƙo ba, rufin ɗan gida muka yi masa. Ya saurara har ƙarshe, ya sunkuyar da kai, ya ce ya gane. Ni kuwa da na faɗa sai na ji maganar ba ta warkar da komai ba, nasa ciwon yana nan inda yake.

Sai ya tambayi iyakar sashen da nake zato. Na nuna masa daga nan zuwa can. Ya cire takalmi, ya karɓi gorar ruwa, ya je kabarin farko ya durƙusa, ya zuba ruwa kaɗan, ya yi magana da harshensu. Ya tashi ya je na biyu. Ya je na uku. Dattijo ne, tashin ma da ƙyar yake yi, amma bai tsallake ko ɗaya ba. Na tambayi tafinta me yake faɗa, na tarar shi ma hawaye yake. Ya ce abu ɗaya yake maimaitawa: "Ni ne, na zo a makare, ka yafe mini." Muna tsaye kamar an dasa mu har rana ta yi ja.

A hanyar komawa Alhaji Haruna ya yi mini tambayar da nake tsoro, ko Idrisu ya taɓa ambaton sunansa. Na ce bai taɓa ba, ko wasan ma bai taɓa ce mana ya yi suna a ciki ba. Amma na gaya masa gaskiyar da na ji da kunnena, cewa ana gobe zai rasu ya ce ya yafe wa kowa, kuma a roƙa masa kowa ya yafe masa. Dattijon ya ce ya gode, amma sunansa ya so ji. Washegari ya tafi, dutsen na kan cinyarsa a cikin mota.

Tun ranar nake tambayar kaina me Ɗan Jawa zai ce da ya ga wannan zamani, da ake ciro ƙuruciyar mutum daga aljihu a nuna wa maƙwabtansa. Ina jin ba zai so ba. Mutumin da ya zaɓi garin da ba wanda ya san shi, ya zauna a ƙarshen sahu, ba neman a tuna masa yake ba. Amma kuma ina tuna yadda yake kwance raga in ba a cika huɗu ba, sai in ce anya mai wannan hali ya manta da na gabansa? Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma shi ya fi mu sanin haka. Ko fushi ne ya rufe masa baki, ko kewa ce, ya tafi da amsarsa.

Me ya rage nasa a Damargu? Mangazar an rushe ta, raket ɗin ban san hannun da suka faɗa ba. Famfunan da ya riƙa tayarwa wasu sun mutu, wasu an mayar da su na hasken rana, ana sha ba a san shi ba. A can ƙasarsu suna da hotonsa yana sama, mu muna da shekarunsa na ɗingishi, kuma na yarda namu rabon ba shi ne ƙarami ba, don mu muka ga haƙurinsa. Allah ya jiƙan Idrisu, ya sanyaya masa makwanci, ya sanyaya zuciyar dattijon nan da ya bi kaburburan makiyaya da manoma da jarirai yana ba su haƙuri. Ina roƙon Allah ya sa cikin waɗanda ya durƙusa wa akwai na abokinsa, don ni da na rufe shi da hannuna ba zan iya rantsuwa ba.