Tambayar da Alƙali Bai Yi Ba

Yayata ta yi shekara ashirin da bakwai tana sharar kotun ɗaukaka ƙara. Ba ta iya karatu ba. Amma idan ta gama goge bencuna, sai ta jingine tsintsiya a bayan ƙofa, ta zauna a kujerar ƙarshe, kunnenta a buɗe kamar tulu a ƙarƙashin ruwan sama. Alƙalai biyar suka zo suka wuce a gabanta, ita tana nan.

Ɗanta na fari direban babbar mota ne, magidanci mai 'ya'ya huɗu. An kama shi da ƙwayoyin hana barci a aljihun mota, ya amsa laifinsa a ƙaramar kotu. Aka yanke masa tarar da bai taɓa riƙe irinta ba, in kuma bai biya ba, shekara uku a gidan yari. A ranar aka wuce da shi.

Ni na raka ta ziyara. Ta dube shi ta tsakanin ƙarafa.

"Ka sha ko ba ka sha ba?"

"Na sha, Inna."

"To, ka ci gidanku."

"Gidan namu ai naki ne, Inna."

"Rufe min baki. Laifin ƙwaya naka ne, ka ɗauki kayanka. Amma ba za ka yi shekara uku a nan don kawai aljihunka ba nauyi ba."

Matarsa ta so sayar da keken ɗinkinta a rage tarar. Yaya ta hana. "Ki sayar, yaran su ci me? Zare?"

Sai muka nufi ofishin lauyoyin agaji. Lauyar da aka ba mu matashiya ce, fayiloli sun kusa binne teburinta. Ta saurare mu, ta yi ajiyar zuciya.

"Mama, ya amsa laifi da bakinsa. Me za mu ɗaukaka?"

"'Yata, ba laifin nake ja ba, hukuncin nake ja. Buɗe takardar shari'ar ki duba min. Kafin a yanke tarar, alƙali ya tambaye shi abin da yake samu? Ya tambaye shi baki nawa yake ciyarwa?"

Lauya ta bi shafukan da yatsa, ta koma farko ta sake bi.

"Bai tambaya ba."

"To nan za ki kafa ƙafarki. Tun kina goye nake jin ana rushe hukunci a kan wannan. Ki yi sauri kuma, kwanakin ɗaukaka ƙara ba sa jiran mai nawa."

"Mama, a ina kika yi karatun lauya?"

"A ƙarƙashin benci, ni da ƙura."

Wata biyu muka jira. Ranar zaman, ita ta share ɗakin da safe kamar kullum, har ta ƙara goge akwatin da ɗanta zai tsaya a ciki. Sannan ta wanke hannu, ta sauya mayafi, ta zauna a layin gaba. Masinjan kotu ya raɗa mata, "Yau kuma manyan baƙi gare mu?" Ko kallo bai ishe ta ba.

Lauya ta miƙe ta yi magana a kan tambayar da ba a yi ba. Alƙali ya juya takardu. Ya tabbatar da laifin. Tarar kuwa ya rage ta, ya ce a riƙa biya wata-wata, a saki mutumin ya koma nema.

Da yamma aka buɗe masa ƙofa. Ya durƙusa a gabanta, ƙato da shi.

"Tashi, mutane na kallo," in ji ta. "Je ka yi wanka, ka ga 'ya'yanka. Gobe da sassafe ka koma wurin mai motar. In ya ƙi ɗaukar ka, ka zo ka faɗa min, ni zan je."