Sunan da Goggo ba ta faɗa

Ina hutun jami'a aka ɗauke ni in yi wa wata baƙuwa tafinta. Baƙuwar 'yar Japan ce, ta daɗe tana yawon ƙasashe tana shirya wa talabijin ɗin ƙasarsu shiri kan rayuwar iyaye mata. Na tarbe ta a Kwanar Dangora ita da mai ɗaukar hoto, muka nufi rugar Goggo, yayar mahaifina, a bayan Ba'awa. Kwana uku na yi ina roƙon Goggo kafin ta yarda, bayan na yi mata alkawarin ba za a tambaye ta abin kunya ba.

A mota baƙuwar ta gaya mini yadda take rufe kowane shiri: uwa ta dubi kyamara ta kira sunan ɗanta na fari. Na gyaɗa kai. Hankalina yana kan dawar da iska ke kaɗawa a bakin hanya.

Hira ta yi daɗi. Goggo tana dama fura tana amsawa, matan ruga sun kewaye mu, babban ɗanta yana tsaye can wajen garke. Sai baƙuwar ta yi murmushi ta kawo buƙatarta ta ƙarshe. Sai a nan na tuna. Bafulatana ba ta kama sunan ɗan fari. Tunda nake, "wancan" kawai na ji Goggo tana ce masa.

"Me ta ce?" in ji Goggo. "Ke 'yar boko, bakin ya mutu ne?"

Na faɗa ƙasa-ƙasa. Wata tsohuwa ta kama baki. Goggo ta ajiye ludayi a hankali.

"A gaban mutane? Haka muka yi da ke?"

Ganin an yi tsit, baƙuwar ta raɗa mini: ko ɗan ya rasu ne? Na nuna mata shi, na yi mata bayani. Ta sa aka sauke kyamara, ta durƙusa ta sunkuyar da kai har goshinta ya kusa taɓa tabarma.

Goggo ta dube ta, sannan ta juyo gare ni.

"Ce mata ta tashi. Ba ita ta yi mini alkawari ba."

Aka ƙarasa shirin ba tare da sunan ba. Goggo ta miƙa wa baƙuwar fura da hannunta, ta rako ta har bakin mota. Ni kuwa na durƙusa na yi mata sallama, ta amsa tana kallon shanu.