Garin da Gumsu Ta Gina a Ƙarƙashin Kogi

Gumsu mai bandar kifi ce a bakin kogin Haɗeja, zamanin Turawa. Hannunta ƙaurin hayaƙi, bakinta kuwa zuma, don ko kifin jiya sai ta sayar maka a matsayin na yau, kana yi mata godiya.

Shekarar da ruwa ya yi ambaliya, kwalekwalen ɗanta Bunu ya kife, ba a ga ko hularsa ba. 'Yarsa Asabe, mai shekara shida, ba ta yi kuka ba. Abinci kawai ta daina ci, har wuyanta ya zama kamar sillen kara.

Gumsu ta rasa dabara, sai ta koma ga bakin nan nata. Ta ce akwai gari a ƙarƙashin kogi, bishiyoyinsa kifi suke 'ya'ya, kuma Bunu na can yana gyara wa 'yan ruwa taru.

Asabe ta ci tuwo. Amma garin neman gira aka kusa rasa ido. Kullum sai a tsinci yarinyar tsaye cikin kogi, yau ruwa a idon sawu, gobe a gwiwa. Tsoro ya hana Gumsu sakat. In za su kwanta, sai ta ƙulle bakin zanenta da na jikarta. In ta ƙaryata kanta, yarinya za ta koma ƙin abinci. In ta yi shiru, kogi na jira.

Ana nan sai motar majigi ta zo gari. Bayan magariba aka kafa farin ƙyalle a fili, ga mutane a jikinsa suna tuƙa jirage a wani ruwa. Gumsu na waiwayawa, babu Asabe. Ta miƙe za ta nufi kogi, sai ga yarinyar ta fito daga bayan ƙyallen.

"Kaka, na leƙa," in ji Asabe. "Babu kowa a baya. Sanduna ne kawai."

"Haka abin yake, 'yar nan."

"Ƙarƙashin ruwan ma haka ne?"

Gumsu ta durƙusa a gabanta.

"Haka ne. Allah ya ji ƙan babanki."

Asabe ta fashe da kukan da ta riƙe tun damina, mutane na cewa a fitar da ita. Gumsu ta goya ta har gida. Da suka kwanta ta kamo bakin zanen za ta ƙulle, ta tsaya, sannan ta sake shi.