Yaslam Mai Cizon Amya

A duk kwarin Dau'an ba wanda bai san Yaslam ba, mai zumar da ba ya buɗe amya sai ya fara kara mata kunne. Tun yana saurayi haka yake. In kurna ta yi fure, zai tsuguna ya saurari zuuu ɗin nan na ciki, ya ce wannan gidan a ƙoshe suke, wancan kuwa sarauniyarsu ta mutu, ji yadda suke kukan maraici. Matarsa Shaika ta sha cewa da ƙudan zuma aka ɗaura masa aure, ita 'yar dafa shayi ce kawai.

Da tsufa ya zo, kunnen ya fara ɗaukewa. Kiran salla ya ɓace masa, faɗan Shaika ma ya ɓace, wannan kam bai yi jimaminsa ba. Amma ranar da ya kara kunne a amya ya ji tsit, sai da ya yi hawaye.

Shi ya gano wata dabara da kansa. Ya kafa haƙora a gefen katakon amya, ya rufe ido, sai ga amon ya ratso ƙashi ya cika masa kai.

Shaika ta riƙe haɓa ta kwatsa masa murya: "Oh ni! Tsoho, abincina ne bai ishe ka ba, ka koma gwaguyar katako?"

Ya saki katakon. "Ke dai matsa can, hira muke."

Leɓensa ya sha harbi, ko a jikinsa.

Bayan rasuwar Shaika, ɗansu Mabkut ya zo daga birnin Mukalla. "Baba, kai kaɗai a nan, ko ihu aka yi ba ka ji. Wallahi ba zan bar ka ba." Wani maƙwabci ya karɓi amyoyin, Yaslam ya shiga mota bai waiwaya ba, don ya san in ya waiwaya ba zai tafi ba.

A gidan Mabkut ba abin da ya rasa, sai dai kewa tana cin sa. Wata rana da hantsi surukarsa, matar Mabkut, ta shiga kicin, ta tarar da shi a tsugune, ya ciji gefen firji, injin yana ta ɗan ƙugi.

Ta taɓa kafaɗarsa. "Baba, lafiya?"

Ya ɗago, ido jajir. "Ba su ba ne, 'yata, na sani. Amma bar ni kaɗan."