Shaidar Yaya Sale a Kan Ginin Bakin Gandu

Shekara shida ke nan da muka kai Yaya Sale makwancinsa a ƙauyenmu da ke yankin Sandamu. Duk shekara in watan ya kama nakan ɗauki biro in ajiye, domin shari'ar da ya rasu ya bari tana gaban kotu, kuma a gidanmu ba a son tada maganarta. Bana ta ƙare, shi ya sa hannuna ya saku.

Yaya Sale malamin daji ne. Aikinsa zagaya gandun dajin gwamnati da ke arewa da garinmu a kan tsohon babur ɗinsa, yana hana saran itace da cin iyaka. Ba mutum ne mai zafi ba. In ya tarar da tsohuwa tana tsintar ƙirare, shi zai ɗora mata a ka. Amma a kan ɗanyen icce da turakun simintin iyaka, ba ya ɗaga wa kowa ƙafa.

Wata shekara Alhaji Mamman, mijin ƙanwarmu Binta, ya sayi fili a bakin gandun daga hannun wani dillali, ya fara gina sito na ajiye hatsi. Bai nemi izinin gini ba. Da Yaya ya auna, sai ya ga katangar ta haura turaku ta shiga gandu sosai, har an tumɓuke gawo biyu da wata tsohuwar kanya. Ya taka har gida ya gaya masa. Alhaji ya yi dariya, ya ce daji ai ba ya ƙarewa. Sai da gini ya kai linta Yaya ya rubuta rahoto. Hukuma ta shafa jan fenti a bango ta shigar da ƙara, Alhaji kuma ya ɗauki lauya.

Ni dangi suka tura in lallashe shi kada ya ba da shaida. Na same shi bayan la'asar yana wanke babur a ƙofar gida. Na ce, "Yaya, ka ce ba ka tuna inda turakun suke ba mana. Binta fa ake ji."

Ya ajiye soso ya dube ni. "Lawal, ni na riƙe wa safiyo mai awon ƙasa igiya ranar da aka sabunta su. Alƙur'ani za a miƙo mini in dafa. Me kake so in ce?"

Na tafi ina fushi. Ya je ya ba da shaidarsa. Binta ta ɗauke ƙafa daga gidansa, ko bikin 'yarsa ba ta zo ba. A majalisa ana cewa ya hana matasa samun aikin dako a siton, ya fifita itatuwa a kan 'yar'uwarsa, ni ma ban taɓa buɗe baki na kare shi ba. Sai da ciwo ya kwantar da shi a asibiti a Daura Binta ta zo. Ta zauna a gefen gado ta ce, "Sannu, Yaya." Ya ce, "Binta, ya yaran?" Iyakar abin da suka faɗa wa juna ke nan. Bayan kwana uku ya cika.

Shari'a ta ci gaba da ja, yau a ɗage zama, gobe a sauya alƙali, daga baya aka ɗaukaka ƙara. Tsorona ɗaya ne a duk shekarun nan, kada a ba Alhaji gaskiya a ce Yaya ya ɓata zumunci a banza. Ga kuma wasu da suka sayi filaye a bayan siton suna jira su ga yadda za ta kaya. Bana kotu ta tabbatar da cewa dillalin ya haɗa da ƙasar gandu a abin da ya sayar, ta ce a rushe ɓangaren da ya haura iyaka. Alhaji bai jira katafila ba, da kansa ya kira leburori suka kwashe kwano da bulo. Da muka haɗu bayan sallar Juma'a ya riƙe hannuna ya ce, "Da na saurari Malam Sale tun ranar farko, katanga ɗaya kawai zan matsar." Ranar na ji kamar an sauke mini dutse daga ƙirji.

Nakan tambayi kaina me Yaya zai ce da yana nan. Ba na jin zai yi murna da asarar surukinsa. Na fi tsammanin zai tsare ni da tambayar baburan da ke fitowa da buhunan gawayi ta hanyar Mai'aduwa, wa ke barinsu. Gandun ya yi sharara fiye da yadda ya bar shi, wannan ba sai an faɗa ba. Amma yana nan, makiyaya na ratsa gefensa, rairayi bai cinye gonakin da ke bayansa ba.

Abin da ya rage mini na ciwo shi ne ban taɓa ce masa ya yi daidai ba. Sai dai mutanen gari sun faɗa ta hanyarsu. A watan jiya rikicin iyakar gona ya taso tsakanin wasu gidaje biyu, kowa ya ƙi amincewa da shaidun ɗan'uwansa. Mai gari ya tambaye su wa suka yarda ya je ya duba. Dukansu suka ce a kira Nura, babban ɗan Malam Sale.

Allah Ya haskaka kabarinka, Yaya, Ya yafe mana shirun da muka yi.