Awakin Bayan Danga

A gidanmu na Gyadi-Gyadi ba a kashe wutar murhu don an sauke tuwo. Inna Yalwa, mahaifiyar Babanmu, ita ta hana. Da an idar da sallar magariba an ci abinci, sai ta jawo 'yar kujerarta gefen garwashi, ta miƙe ƙafafu tana gasa su, ta fara kiran jikoki ɗaya bayan ɗaya. Ba ta kiran kowa da sunan yanka. Yayata Bilki ita ce Uwar Tsiwa, ƙanena Sadi shi ne Na-Goye, ni kuwa da yake ni ne babban jikanta namiji, sunana Miji Marar Cefane. Dokarta ita ce wanda ba a kira ba, ba ya hawa tabarma. In ka yi mata laifi da rana sai ta tsallake sunanka, ka tsaya jikin bango kana sosa ƙeya, har sai ta ga dama ta ce, "Kai mai gadin bango, zo ka zauna kafin ka kayar mana da shi."

In mun natsu, za ta fara tatsuniya, sai ta ce, "Ga baƙuwa a ƙofa." Mu ce, "A buɗe mata." In tatsuniya ta ƙare kuma ta ce, "Ta koma gidansu, a rufe ƙofa," mu tafa hannu sau ɗaya, shi ke nan an rufe. Ba ta taɓa barinmu mu tashi ba a rufe ba, ko da an kira isha'i.

A shekarun nan ne sojoji suka koma bariki, manya suka manne da rediyo ana ta maganar farar hula. Baffa Nasiru, ƙanen Babanmu, ya samu aiki a wani ofis a Tarauni, ya sayo tsohuwar kwamfuta ya ajiye a ɗakinsa da ke soro. Abokinsa Malam Bitrus, malamin makaranta ɗan Kudancin Kaduna da ke zaune a Babban Giji, ya kawo wani faifai ya zuba mata wasanni. Wata manhaja ce da ke sa kwamfuta ta kwaikwayi injinan da muke leƙe a gidan gem. Kana buɗewa sai ka ga sunayen wasanni jere, ka yi ta gangarawa ba ka ga ƙarshensu ba. Daga ranar tabarmar Inna ta fara yin fili. Za ta kira Miji Marar Cefane, in amsa daga soro, "Ina zuwa!" hannuna a kan madannai. Ita kuwa ta ce, "Mijin nan, cefane babu, kwanan gida ma ya gagara."

Abin da ke dawo da mu gindin murhu shi ne ɗauke wutar lantarki, kuma ana ɗauke ta sosai. A wata irin wannan yammar ce ta ɗauko mana labarin Dije mai awaki.

Dije, in ji Inna, tana da garke, kuma awakinta ba sa shiga gida da almuru sai ta kira kowace da sunanta. A cikinsu akwai Gurguwa mai ɓata mata lokaci, da Ɓarauniya mai cinye dusar 'yan'uwanta, da Mai-Kuka da ba ta barin kowa ya yi barci. Dije ta gaji da su. Ba ta yanka su ba, ba ta kai su kasuwa ba, kawai ta daina kiran sunansu. "Kun san akuya da kunya?" in ji Inna. "To waɗannan suna da ita. Ba su shigo ba, ba su kuma shiga daji ba. Kullum rana ta faɗi sai su zo bayan danga su tsaya, kunnuwa a miƙe." Haka aka yi ta tafiya, har wata shekara ciwo ya shiga garke ya share duk na cikin gida. Dije ta rasa nono, ta rasa taki, gida ya yi tsit. Da almuru ta fito bakin danga, ta hango inuwar ukun nan suna tsaye inda suka saba. Ta buɗe baki za ta kira su.

Inna ma ta buɗe baki. Muka jira. Mun ɗauka salon labari ne, don ta iya ja mana rai. Garwashi ya yi ƙara, Sadi ya matsa ya riƙe zaninta. Ta dubi Bilki, ta dube ni, ta sa yatsa tana zane a toka.

"Sai me ya faru, Inna?"

"Yanzun nan yana bakina," ta ce. "Ku dakata."

Muka dakata har aka kira sallah. Ta tashi ta ɗauki buta, ba ta ce a rufe ƙofa ba. Mu ma ba wanda ya tafa.

Bayan wannan abin ya riƙa maimaituwa. Yau ta kai tsakiyar wani labari ta ɓace, gobe ta haɗa kan wannan da wutsiyar wancan, mu yi ta dariya muna gyara mata. Yara ne mu, mun ɗauka sabon wasa ne. Ita kaɗai ta san abin da ke tafiya.

Ana cikin haka Babanmu ya leƙa soro ya ga wani wasa na karta, da wani mai matan da ba su da kayan kirki a jiki. Ya ce ko a cire su ko kwamfuta ta bar gidan. Ranar Asabar da la'asar Malam Bitrus ya zo, shi da Baffa suka zauna tace jerin. Na caca, a cire. Wanda in an danna sai allo ya yi baƙi, a cire. Mai rubutun da ba wanda ya iya karantawa, a cire. Wanda ya fito sau biyu, a bar ɗaya. Mu muna baya muna roƙo, "Baffa don Allah ban da na mota!" Ba mu ji zuwan Inna ba sai da sandarta ta taɓa dokin ƙofa.

Malam Bitrus ya miƙe ya rusuna. "Mama, ina wuni? Ku shigo ku ga abin da ya sace muku jikoki."

Ta daɗe tana kallon yadda suna ke ɓacewa, na ƙasa ya hauro ya cike gurbinsa. Sannan ta ce, "Bitrus, waɗannan da kake kora, ina suke tafiya?"

"Ba inda suke zuwa, Mama. Suna nan a ciki. Sunan kawai na cire daga layi, don kada yara su gani."

"In kana son su fa?"

"Akwai wurin da zan danna, kwamfutar ta sake bincika cikinta, duk su dawo."

Ta gyaɗa kai. Ta sa hannu ta dafa goshinta, ta ce, "To ɗan nan, ni ma danna mini."

Baffa ya yi dariya, mu ma muka yi. Malam Bitrus bai yi ba. Ya sunkuyar da kai yana murza linzamin kwamfuta, can ya ce, "Allah ya ba da lafiya, Mama." Ta ce amin, ta juya tana dogara sanda.

An yi abin da aka iya. An kai ta asibiti, an karɓo rubutu, matar Malam Bitrus ma ta riƙa aiko da kunun acca wai yana ƙara ƙarfi. Ba abin da ya tsayar da shi. Labarai suka fara tafiya, sannan ranakun mako, sannan hanyar banɗaki. Kiran da take yi mana da magariba ne ya fi daɗewa. Ko da babu tatsuniya sai ta zauna gefen murhu ta kira mu, mu zo mu zauna shiru. Na daina zuwa soro a wannan lokacin, amma zamana bai dawo mata da ko kalma ɗaya ba. Wata rana ta tsallake Na-Goye. Sadi ya tsaya jikin bango yana tunanin laifin da ya yi, har Bilki ta jawo shi ta zaunar. Daga baya Uwar Tsiwa ma ta fita.

Nawa ya zo wata yamma da na dawo daga Islamiyya. Na tsaya inda muke tsayawa ina jiran tsokana. Ta ɗago ta dube ni sosai, sai ta jawo mayafi ta rufe kanta, ta ce cikin ladabi, "Sannu da zuwa, Malam. Masu gidan suna ciki."

Na ce, "Inna, ni ne. Mijinki marar cefane."

Ta yi murmushin da ake yi wa baƙo in ya yi wasan da bai dace ba. Ban taɓa jin rashin dabara irin na ranar ba. Ga ta a gabana, muryarta ce, hannunta ne mai ƙanshin man kaɗe, na kuma tabbata ina nan a cikinta wani wuri. Amma babu inda zan danna.

Bayan rasuwarta na bi sawun ƙarshen labarin Dije. Babanmu ya ce yana jin kura ce ta cinye awakin. Bilki ta rantse sun shigo. Wata ƙanwar Inna a ƙauye ta ce ita ba ta taɓa jin wannan tatsuniyar ba.

Yanzu ina zaune a Tarauni da iyalina. Kwanakin baya na sayo wa yara ɗan akwatin wasanni irin na da, na zauna ina tace musu jerin kamar yadda Baffa ya yi. Garin sauri na cire wanda 'yata Yalwa, mai sunan Inna, ta fi so, ta ɓare baki. Na danna bincike, kafin ta share hawaye ya dawo. Na daɗe ina kallon allon.

Da ina yaro na ɗauka darasin shi ne kada ka raina abin da kake da shi. Yanzu da na girma hankalina ya fi komawa kan awakin. Sun san ba za a kira su ba, kuma ba abin da za su iya yi a kai, amma kullum suna zuwa. Mu ma abin da muka iya yi wa Inna ke nan a shekararta ta ƙarshe.

Da magaribar ranar na ba Yalwa labarin Dije. Na kai inda Dije ta buɗe baki, na tsaya.

"Sai me ya faru, Abba?"

"Suna nan tsaye," na ce.

"To a rufe ƙofa?"

Na ce a'a, ta bar ta a buɗe.