Takardar da Ban Ƙona Ba

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Laraba, 14 ga Maris, 1951, labari ya iso mana Minna cewa Allah Ya yi wa Malam Tsado rasuwa, wanda ya shekara goma sha tara yana akawu a ofishinmu. Ciwon barci ne ajalinsa, a wani ƙauye na bakin kogi mai tafiyar kwana uku daga nan. Ni Dabo, ƙaramin akawun da ya yi aiki a ƙarƙashinsa, tun ranar abinci bai yi mini daɗi ba.

Malam, duk ma'aikacin da aka canja wa wurin aiki don ƙiyayya, ƙofarka yake nufa. Ka san littafin dokokin aiki ciki da bai, kana tsara koke har gaban Razdan, Baturen da ke mulkin lardi, ko goro ba ka karɓa. Na tuna Irimiya masinja, da aka so jefa shi nesa don ya ƙi yi wa wani babba noma a Beji. Da aka soke canjin ya kawo maka kaza, ka ce ya mayar da ita akurkinta, ita ma ba ka yarda a canja mata wuri ba.

Sharaɗinka ɗaya ne. Mai koke ya kwafe takardar da hannunsa, ya ƙona taka, domin manyan ofis sun san rubutunka, kuma ta hannunsu koke ke bi kafin ya wuce gaba.

Bara waccan aka canja ni zuwa wancan ƙauyen na bakin kogi, alhali mahaifiyata tana kwance da shanyewar ɓarin jiki, ba ta da kowa sai ni. Ga hanya ba ta ɗaukar mara lafiya. Ka duba, ka gano ba a ba ni wa'adin da ya kamata ba. Ka rubuta, ka miƙo mini, ka ce, "Dabo, ka kwafe ta ko da rubutunka zai yi kama da tonon kaza. Tawa kuwa ka sa ta a murhu."

Na kwafa sau biyu. Da na ajiye tawa kusa da taka sai kunya ta kama ni, na ce Razdan ba zai ɓata lokacinsa a kan wannan ƙazamin rubutu ba. Na sa hannu a taka na miƙa. Bayan mako uku aka soke canjina, na yi ta murna kamar wanda ya yi dabara.

Wata bai cika ba takardar canjinka ta fito, kuma wurin da na kuɓuta aka tura ka. Na zo gidanka ina kuka, na faɗa maka abin da na yi, na roƙe ka ka rubuta wa kanka koke. Ba ka yi mini faɗa ba. Cewa ka yi, "In na yi nasara, wa kake tsammani za su tura? Je ka kula da Inna."

Inna tana nan da ranta, kullum tana sa maka albarka, ba ta san abin da ɗanta ya jawo maka ba. Iyalinka ma ba su sani ba, don ka hana ni faɗa. Na kasa ci gaba da riƙe sirrin.

Allah Ya jiƙanka, Malam, Ya haskaka kabarinka, Ya sa Aljanna ce makomarka. Ina miƙa ta'aziyyata ga mai ɗakinka, Yaya Safara'u, da 'yarka Aishat, da danginka na Bida. Allah Ya ba ku haƙuri. Shi Malam ya yafe mini tun yana da rai. Ku ne ban taɓa roƙa ba, ga ni yau ina roƙon ku.